Patricio Guzmán: mutumin da ya hana Chile mantuwa

Yau Chile za mu leƙa, wajen Patricio Guzmán.

Ran 11 ga Satumbar 1973 sojoji suka hamɓarar da Shugaba Allende, Janar Pinochet ya ɗare mulki. Lokacin Guzmán ya kwashe watanni yana ɗaukar dambarwar a titunan Santiago. Aka tsare shi a babban filin ƙwallon ƙasar, amma aka sulale da faya-fayen ta jirgin ruwa zuwa Sweden, aka tace su a Kuba. Haka La batalla de Chile ya fito. Mai riƙe masa kyamara, Jorge Müller, an kama shi a 1974, har yau babu shi babu labarinsa.

Wanda ya fi taɓa ni shi ne Nostalgia de la luz na 2010. A hamadar Atacama, masana na hangen taurari, can gefe kuma mata na tonon ƙasa suna neman ƙasusuwan 'yan uwansu.

Ni kam ina gama kallo na ɗauki wayata na nufi ɗakin kakata. Kai fa, wane dattijo ka taɓa zama da shi ka naɗi muryarsa?