Masaƙin Lankasha da Injin da Ya Cinye Sana'arsa



Mai girma shugaban taro, malamaina, iyaye da ɗalibai, ina godiya da wannan gayyata. An nemi in yi bayani a kan yadda masana'antu suka fara kafuwa a Birtaniya, daga wajen 1760 zuwa 1850. Fagen yana da faɗi, lokacin da aka ba ni kuwa kaɗan ne, don haka zan kama mutum guda in bi sawunsa, wato masaƙin yankin Lankasha, a arewa maso yammacin Ingila. A wancan zamani manyan garuruwan yankin su ne Manchesta da Libaful. Na ga samarin da ke baya sun ɗago kai. Ku yi haƙuri, yau ba maganar ƙwallo za mu yi ba.

A wajen 1750, a gida ake saƙa a ƙauyukan Lankasha. Attajiri ya kawo auduga, mata da yara su yi kaɗi, maigida ya hau masaƙa, a ƙarshen mako ya kai yadi a biya shi. Galibi yana da 'yar gona ko saniya a gefe. Wanda ya tashi a gidan da ake kaɗi ya san matsalar wannan tsari: mazari ba ya iya tsere da ƙoshiya. Masaƙi ɗaya kan cinye zaren mata huɗu ko fiye. Da John Kay ya ƙirƙiro wata ƙoshiya mai gudu a 1733, sai yunwar zare ta ƙaru, har masaƙi kan wuni yana yawo gida-gida yana neman abin da zai saƙa.

To me ya sa Turawan Ingila suka nace wa auduga, alhali ko ƙwaya ɗaya ba ta fitowa a ƙasarsu? Indiya ce sanadi. Yadin audugar Indiya ya fi nasu laushi da araha, ga shi yana wankuwa, matan Landan suka yi ta rububinsa. Masu saƙar ulu da siliki suka kai kuka majalisa, ita kuma ta yi doka a 1700, ta ƙara tsananta ta a 1721, ta hana sayar da yawancin yadin auduga mai zane. An yi dokar don kare masu ulu, amma sai ta zama inuwar da masu koyon saƙar auduga na cikin gida suka fake a ƙarƙashinta har suka yi ƙarfi. Ina roƙon ɗalibanmu na tattalin arziki su riƙe wannan. Ƙasar da daga baya ta riƙa yi wa duniya wa'azin buɗe kasuwa, sai da ta rufe tata tukuna.

Daga nan injuna suka fara zuwa a jere. James Hargreaves ya haɗa na'urar da mutum ɗaya zai kaɗa zare takwas a lokaci guda, a wajen 1764. Richard Arkwright, wanda asalinsa mai aski ne, ya yi rajistar injin kaɗi a 1769, kuma a 1771 ya gina masana'anta a Cromford inda ruwa ke juya injuna dare da rana. Samuel Crompton ya haɗa dabarun biyu a 1779, ya samar da zare siriri mai ƙarfi da zai iya gogayya da na Indiya. Arkwright ya mutu a 1792 yana hamshaƙin attajiri, da sarautar da sarki ya ba shi. Crompton kuwa, da injinsa ya fi yaɗuwa, ya mutu a 1827 ba shi da wani abin kirki.

Ba zan daɗe kan kwal da ƙarfe ba, ko da yake ba don su ba da tafiyar ta tsaya. Ingila tana zaune a kan kwal mai yawa. Injin tururi na Newcomen, na 1712, an yi shi ne don zuƙe ruwa daga ramukan haƙar kwal, James Watt ya gyara shi a 1769 ya rage masa cin wuta. Hanyar ruwa ta Bridgewater da aka buɗe a 1761 ta karya farashin kwal a Manchesta da kusan rabi. Masanin tarihin tattalin arziki Robert Allen ya ce sirrin a nan yake: a Ingila ladan lebura da tsada, kwal da araha, don haka sayen inji riba ne. A Indiya kuwa, inda hannu ke da araha, wanda ya sayi inji asara zai yi. Na gamsu da wannan bayani, amma bai cika ba, domin inji ba ya kaɗa iska. Sai da auduga.

Audugar nan bayi ne suka noma ta. Da farko daga tsibiran Karibiyan da Brazil ake kawo ta. Bayan Eli Whitney ya yi injin gurzar auduga a 1793, kudancin Amurka ya karɓe kasuwar, har ya zama kafin 1860 fiye da kashi uku cikin huɗu na audugar da ke sauka a Libaful daga can take. Libaful ɗin kanta da cinikin bayi ta yi ƙiba, kuma yadi na cikin manyan kayan da jiragenta ke kaiwa gaɓar Afirka ta Yamma a musanya da mutane. Eric Williams, ɗan Trinidad, ya rubuta littafi a 1944 yana cewa ribar bauta ce ta ɗaga masana'antun Birtaniya. Masana sun yi ta ja da shi kan yawan kuɗin, amma ba wanda ya iya musanta inda audugar ta fito. Da Birtaniya ta soke bauta a 1833, ta biya diyyar fam miliyan 20, kuma iyayen gidan bayin aka biya.

Mu koma wurin masaƙinmu. Abin mamaki, da farko injuna alheri suka zame masa. Zare ya wadata ya yi araha, amma har lokacin da hannu ake saƙa, don injin saƙa da Edmund Cartwright ya yi a 1785 bai yi aiki sosai ba sai bayan shekaru da dama. Don haka daga wajen 1790 masaƙi ya shiga daula. Yana iya samun fiye da sule 20 a mako. Shi ke da lokacinsa: in ya ga dama ranar Litinin ba zai taɓa masaƙa ba, ya rama a daren Juma'a. Kowa ya tsunduma cikin sana'ar, manoman da suka rasa gona, tsofaffin sojoji, baƙi daga Ireland. A shekarun 1820 masu saƙar auduga da hannu sun kai wajen 240,000.

Yawan nan shi ya fara karya su, inji ya zo ya ƙarasa. A 1813 injunan saƙa ba su wuce 2,400 ba. Zuwa 1833 sun kai wajen 100,000. Ladan masaƙi ya yi ta zamewa har ya dawo sule 5 ko 6 a mako, kuma sai ya kwana yana aiki zai same shi. Ba su zauna shiru ba. A 1808 sun roƙi majalisa ta ƙayyade mafi ƙarancin lada, ta ƙi. Haɗa ƙungiyar ƙwadago laifi ne a doka tun 1799, ba a janye ba sai 1824. Da aka toshe waɗannan ƙofofi, wasu ma'aikatan yadi a Nottingham da Yorkshire da Lankasha suka ɗauki guduma, daga 1811 suka shiga farfasa injuna cikin dare. Su ake kira 'yan Ludd. A yau ana amfani da sunansu a zagi wanda ya ƙi ci gaba, kuma ina ganin ba a yi musu adalci ba. Ba kowane inji suke fasawa ba, sun fi auna na masu gidan da suka rage lada. Majalisa ta mayar da fasa inji laifin kisa a 1812, a Janairun 1813 aka rataye mutum 17 a York. Ranar 16 ga Agusta 1819, wajen mutum 60,000, da yawansu masaƙa ne da iyalansu, suka taru a wani fili a Manchesta suna neman 'yancin zaɓe. Mahaya dawaki suka afka musu da takubba, aƙalla mutum 15 suka mutu, ɗaruruwa suka jikkata.

Wani zai ce, me ya hana masaƙin shiga masana'anta? Abu biyu. Na farko, ba shi ake nema ba. Masu injuna sun fi son mata da yara, don ladansu kaɗan ne kuma ba sa gardama. Masana'antun farko, da ke can cikin kwaruruka inda ruwa yake, marayu suke ɗebowa daga gidajen gajiyayyu na manyan birane, su yi aikin awa 12 ko fiye, suna rarrafe ƙarƙashin inji yana gudu suna tsintar ɓurɓushin auduga. Na biyu, ƙararrawa. Mutumin da ya saba da rana da gajiyar jikinsa su faɗa masa lokacin tashi, yanzu ƙarfe ne zai kira shi da asuba, in ya makara a ci shi tara. Wannan ya fi ci wa dattawan masaƙa rai fiye da yunwa. Sai ga magidanci zaune a gida, 'yarsa mai shekara 10 ce ke ciyar da shi.

Garuruwan kuma suka kumbura ba shiri. Manchesta ta tashi daga mutum wajen 75,000 a 1801 zuwa sama da 300,000 a 1851, ba magudanun ruwa, ba tsaftataccen ruwan sha. Kwalara ta shigo a 1832. Rahoton Edwin Chadwick na 1842 ya nuna cewa a gidajen leburorin Manchesta, in aka haɗa da jarirai, matsakaicin shekarun mutuwa 17 ne, a karkarar Rutland kuwa 38.

Masana tarihi sun daɗe suna muhawara: rayuwar talaka ta gyaru ko ta lalace a wannan zamani? Ga nawa hukuncin. Dukiyar ƙasa ta bunƙasa ƙwarai. A shekarun 1830 kayan auduga kaɗai sun kai kusan rabin darajar abin da Birtaniya ke fitarwa. Amma ladan ma'aikaci bai fara tashi sosai ba sai bayan 1840. Tsakanin gina masana'antar Cromford da wannan lokaci shekara 70 ne, kaka da ɗa da jika. Kura da shan bugu, gardi da kwasar kuɗi. Sauƙin da ya zo ma, ba inji ne ya kawo shi da kansa ba, doka ce, bayan doguwar ja-in-ja. Dokar 1833 ta hana ɗaukar yaro ɗan ƙasa da shekara 9 a masaƙun auduga, ta naɗa masu duba aiki, mutum huɗu kacal ga ƙasar baki ɗaya. Ta 1842 ta fitar da mata da ƙananan yara daga ramukan kwal. Ta 1847 ta tsayar wa mata da matasa awa 10 a rana. Masaƙin hannu bai ci moriyar ko ɗaya ba, don shi a gida yake aiki. Kafin 1860 sana'arsa ta mutu, sai 'yan dubbai, yawancinsu tsofaffi.

A 1851, shekarar da ƙidaya ta nuna cewa mazauna birane a Ingila sun rinjayi na karkara, Baturen matafiyi Heinrich Barth ya iso Kano. Ya yaba wa masaƙa da marinan ƙasar, waɗanda kayansu ke kaiwa har Tumbuktu da Tarabulus, amma ya kuma ga yadin Manchesta a kasuwa, an keto Sahara da shi a bayan raƙumi. Masaƙin Lankasha ya bar takardun koke a majalisa, shi ya sa na iya faɗa muku ladansa sule nawa ne a mako. Namu masaƙan, labarinsu yana bakin tsofaffi, tsofaffin kuma suna ƙarewa. Ɗalibanmu na tarihi da ke neman abin bincike, ku ɗauki littafi da alƙalami ku je ku same su.