Bashin Gida: Jawabin Ma'aji a Taronmu na Gamkalley



Tun da aka buɗe bankin gidaje, BHN, a 2018, yaranmu masu albashi suna ta zancen bashin gida. To, mu yi lissafi.

A ce ka ci bashin sefa miliyan 10, ruwa 10 bisa 100 a shekara. In shekara 15 za ka biya, kowane wata jika 107 da rabi ne, jimla ta zarce miliyan 19. In shekara 10 ce, wata jika 132, jimla ba ta kai miliyan 16 ba.

Takardar filinka kuwa tana jingine. In ka kasa biya, ana iya sayar da gidan. Kafin ku sa hannu, ku tambayi jimla.

Allah shi rufa mana asiri.