WA YA ISA YA ƊAURA AURE?

Wannan shi ne jawabin da Editan wannan jarida ya yi a taron limamai da masu unguwanni da ɗaliban yaƙi da jahilci na ƙasar Karaye da Rogo. Mun buga shi saboda waɗanda ba su sami zuwa ba. Wanda ya karanta ya karanta wa maƙwabcinsa.



Ranka ya daɗe Hakimi. Iyayenmu dagatai da masu unguwanni, Allah ya ja zamaninku. Malamanmu limamai, Allah ya gafarta muku. Iyaye mata da 'yan'uwana ɗalibai, sannunku da zuwa. Na ga mutanen Kurugu da Yammedi da Tudun Kaya. Na ga na Zarewa da Fulatan da Beli. Allah ya ba da ladan tafiya.

Abin da ya kawo ni wata wasiƙa ce. Wani ɗalibinmu na ƙasar Rogo ne ya rubuto ta da hannunsa. Ya ce limamin ƙauyensu ya tsufa, idanunsa sun yi rauni. Shi ne yake jan salla idan liman bai fito ba. Yanzu mutane sun fara cewa ya ɗaura musu aure. Sai ya tambaye ni: "Edita, ina zan je a ba ni takardar izinin ɗaura aure?"

Tambaya ce mai kyau. Ga shi kaka ta yi, an kai amfani gida, bukukuwa sun matso. Amsar tana da ƙafa uku kamar murhu: abin da addini ya ce, abin da sarauta ta tsara, da abin da dokar ƙasa ta ce. Bari mu ɗauke su ɗaya bayan ɗaya.

ABIN DA ADDINI YA CE

A Musulunci babu wata takarda da ake ba mutum ta zama shi kaɗai ne mai ɗaura aure. Waliyyin mace shi ne yake bayar da aurenta, ko ya wakilta wani. Ango ko wakilinsa shi ne yake karɓa. Aikin liman shi ne ya tsaya ya ga an yi komai daidai, ya yi huɗuba, ya yi addu'a.

Littattafan fiƙihun Malikiyya da muke karantawa a zaure, kamar Risala da Askari da Muhtasar, sun nuna abubuwan da aure yake tsayuwa a kansu. Na ɗaya, waliyyi. Na biyu, sadaki, kuma mafi ƙarancinsa rubu'in dinari ne. Na uku, shaidu biyu maza adilai. Na huɗu, siga, wato a ce an bayar, a ce an karɓa. Na biyar, ya zama babu abin da ya hana auren tsakanin mutanen biyu.

Wannan na biyar shi ne inda ake gane malami. Kowa zai iya cewa a shafa fatiha. Amma mai ɗaura aure sai ya yi tambaya tukuna. Idan bazawara ce, ta gama idda? Wadda aka saka, idan tana ganin al'ada, iddarta tsarki uku ce. Wadda mijinta ya rasu wata huɗu da kwana goma ce. Mai ciki kuwa sai ta haihu. Ina takardar sakinta? Ta furta yardarta da bakinta? Bazawara ba a aurar da ita sai ta yarda. Budurwa ma malamai suna son a nemi yardarta. Shin yaron da yarinyar ba su sha nono ɗaya ba? Shin angon ba shi da mata huɗu? Shin ba ya auren yayarta ko ƙanwarta a yanzu?

Wanda bai san waɗannan ba, ko da rawaninsa ya kai gammo, kada ya zauna a kan buzun ɗaurin aure. Idan ya ɗaura aure a cikin idda, raba shi za a yi. Ya jefa gida biyu cikin baƙin ciki. Saboda haka izini na farko shi ne ilmi. Ɗan'uwana na Rogo, ka koma gaban malami ka karanta babin aure da saki da idda da shayarwa, har malamin ya ce ka iya.

ABIN DA SARAUTA TA TSARA

Mutum ba ya naɗa kansa liman. Limamin unguwa jama'a ne suke zaɓensa, da sanin mai unguwa da dagaci. Limamin Juma'a kuwa, al'adar da muka gada a ƙasar Kano ita ce a kai sunansa wurin hakimi. Daga nan a kai fada, malamai su gwada karatunsa, a bincika halinsa, sannan a naɗa shi. Masallatan ƙungiyoyin addini su ma suna da shugabannin da suke tantance limamansu.

Kun san an ƙirƙiro masarautar Karaye a 2019. An rushe ta a watan Mayu na 2024. A watan Yuli na shekarar 2024 aka sake kafa ta a matsayin masarauta mai daraja ta biyu, ta ƙunshi Karaye da Rogo. Duk da waɗannan canje-canje, tsanin bai canza ba: mai unguwa, dagaci, hakimi, Sarki. Wanda yake son ya gaji liman ya bi wannan tsani. Amfaninsa shi ne, ranar da rigima ta tashi, akwai waɗanda za su ce, "Mun san shi, mu muka sa shi."

ABIN DA DOKAR ƘASA TA CE

A Nijeriya doka ta yarda da aure iri uku: auren Musulunci, auren gargajiya, da auren rajista wanda wasu suke kira auren kotu.

Auren rajista yana bin Dokar Aure ta Tarayya, wadda asalinta tun 1914. A ƙarƙashinta ne ake da izini na gaske a rubuce. Wannan ya shafi 'yan'uwanmu Kiristoci na ƙauyukan Rogo da Karaye. Fasto sai ikilisiyarsa ta keɓe shi. Ginin cocin kansa sai ya sami lasisi daga Ma'aikatar Harkokin Cikin Gida ta Tarayya. Masu son aure sai su kai sanarwa ofishin magatakardan aure, a kafa ta kwana 21. Idan babu wanda ya kawo ƙorafi, sai a ba su takarda. Ana ɗaura auren ne ƙofa a buɗe, tsakanin ƙarfe 8 na safe da 6 na yamma, gaban shaidu biyu ko fiye. Wanda ya yi irin wannan aure ba shi da ikon ƙara mace ta biyu. Don haka, kafin a sa ranar biki, a tambayi fasto ko cocin yana da lasisi.

Wasu ƙasashe sun bi wata hanya dabam. A Masar da Saudiyya akwai ma'aikaci da ake kira ma'azuni. Gwamnati ce take ba shi izini da littafin rajista, shi yake rubuta auren Musulmi. A Faransa doka ba ta san aure ba sai wanda aka ɗaura a ofishin magajin gari. A Amurka kuwa akwai coci-coci da suke naɗa mutum limamin aure ta intanet cikin 'yan mintoci, kuma jihohi da yawa sun yarda da haka. Kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi.

Mu a nan, limamin Musulunci ba ya bukatar lasisin Tarayya. Amma kada wani ya ɗauka doka ba ta kallonsa. Ku saurara da kyau, malamai.

A watan Mayu na 2024 Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a kan dokar gwajin lafiya kafin aure ta Jihar Kano. Dokar ta hana a ɗaura aure sai ango da amarya sun kawo takardar gwaji daga asibitin da gwamnati ta amince da shi. Ana gwada cuta mai karya garkuwar jiki, da ciwon hanta nau'in B da C, da nau'in jini, wato AA ko AS ko SS. Wanda ya karya dokar ana iya cin sa tarar da ta kai naira 500,000, ko ɗaurin shekara biyar, ko a haɗa masa duka biyun. Dokar kuma ta hana a wulaƙanta wanda aka samu da ɗaya daga cikin cututtukan nan.

Me ya sa aka yi ta? Ku ɗauki sikila, wato amosanin jini. Mai AS lafiyarsa ƙalau, yana noma, yana ɗaukar buhu. Amma idan mai AS ya auri mai AS, kowane ciki da ta ɗauka yana iya zuwa SS, kashi ɗaya cikin huɗu. Wanda ya taɓa kwana da yaro mai sikila yana kukan ciwon ƙashi ya san abin da nake faɗa. Rigakafi ya fi magani.

To, ga inda karatu ya shigo. Liman da bai iya karanta boko ba, yaya zai gane takardar asibiti? Za a iya miƙo masa takardar wani, ko tsohuwar takardar awon ciki, ya karɓa ya ce madalla. Idan asiri ya tonu, shi za a fara kira. Mai ɗaura aure a yau sai ya iya duba suna, da kwanan wata, da hatimin asibiti. Idan bai iya ba, ya ajiye amintaccen ɗalibi kusa da shi. Kuma abin da ya gani a takarda amana ce, ba hirar dandali ba.

A RIƘA RUBUTAWA

Bari in ba ku labarin wata baiwar Allah da na sani. Ba zan faɗi sunanta ko garinsu ba. An ɗaura mata aure a zaure, an raba goro, sanƙira ya yi shela. An biya rabin sadaki lakadan, rabi ajalan. Ba a rubuta komai ba. Bayan shekara goma sha ɗaya mijin ya rasu. Da aka zo rabon gado, danginsa suka ce an biya sadaki duka tun ranar. Wani ma ya ce ai marigayin ya sake ta kafin ya rasu. Liman ya riga mu gidan gaskiya. Shaida ɗaya ya rasu, ɗayan ya tafi ci-rani kudu ba a san inda yake ba. Ta yi damina biyu tana zuwa kotu da goyo, kuɗin mota ya cinye akuyoyinta. Sai da ƙyar aka samo wani tsoho da ya halarci ɗaurin auren. Da akwai layi biyar a littafi, da wuni ɗaya ya isa.

Rashin takarda ba ya ɓata aure a shari'a. Amma takarda tana tsare haƙƙi. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, a Suratul Baƙara, umarni ce a rubuta bashi. Sadakin ajalan kuwa bashi ne.

Saboda haka ina roƙon kowane liman ya sayi babban littafi mai kauri. A rubuta waɗannan a kowane aure:

1. Kwanan wata, na Musulunci da na boko.
2. Sunan ango da amarya, da iyayensu, da garinsu.
3. Sunan waliyyi da wakilin ango.
4. Sunan shaidu biyu, a sa har da matashi wanda ake sa ran zai daɗe.
5. Sadaki nawa, abin da aka biya da abin da ya rage.
6. Asibitin da ya ba da takardar gwaji, da ranar da aka ba da ita.

Kowa ya sa hannu ko ya dangwala. A boko ko a ajami, duk rubutu ne. Littafin na masallaci ne, idan liman ya rasu a miƙa wa magajinsa. A kwafa wa amarya takardarta, ta adana a cikin akwatinta.

Tsarin Mulkin 1999 ya sa rajistar haihuwa da mutuwa da aure cikin ayyukan ƙaramar hukuma. Wanda yake son takardar shaidar aure mai hatimi ya je sakatariyar Karaye ko ta Rogo, ko kotun shari'a mafi kusa, ya tambaya. Irin wannan takarda tana amfani wajen neman haƙƙin ma'aikacin da ya rasu, da wajen tafiya wata ƙasa.

AMSA GA ƊAN'UWANA NA ROGO

Ga amsarka a taƙaice. Babu ofishin da zai sayar maka da izinin ɗaura auren Musulunci. Duk wanda ya ce ka kawo kuɗi ya ba ka, ka riƙe kuɗinka. Ka yi karatu a gaban malami. Ka zauna kusa da tsohon limaminku, ka zama idonsa, kai kake karanta masa takardu. Idan lokaci ya yi, jama'a su gabatar da kai wurin dagaci da hakimi. Kada ka ɗaura aure sai ka ga takardar asibiti, ko da na ɗan mai gari ne. Kuma ka buɗe littafi tun daga auren farko.

Iyaye, ku taimaki limamai. Ku tura yara gwaji tun kafin a kai kuɗin gaisuwa. Idan sai an kafa rumfa an dafa abinci sannan aka gano matsala, kunya takan sa a rufe ido. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Malamanmu da ba su yi boko ba, ƙofar ajin yaƙi da jahilci a buɗe take, tun da aka kafa wannan hukuma a 1980. Wanda ya haddace Risala, baƙaƙen boko ba za su gagare shi ba.

Allah ya ba 'ya'yanmu zaman lafiya da zuriya ɗayyiba. Allah ya mai da kowa gidansa lafiya.