Aikin Albashi da Hidimar Gida



Sau da yawa akan ce neman kuɗi baƙon abu ne ga matar aure a ƙasar Hausa. Wannan magana kuwa ba ta da tushe. Tun kaka da kakanni mata suna dakan fura, suna suyar ƙuliƙuli, yara na kai musu talla. Amma sana'ar tana cikin gida, ga suruka ko facala mai kama goyo.

Abin da ya sāke shi ne wurin aikin. Shirin ilmin firamare kyauta na 1976 ya bukaci malamai masu yawa, mata suka shiga. Yau miji da mata kan fita tare da safe, daga gidan haya, nesa da dangi. In sun komo, shi ya kishingiɗa, ita ta nufi madafa. A Amurka, cikin 1989, Arlie Hochschild ta ƙiyasta wannan ƙarin aiki ya kai wata guda cur, dare da rana, kowace shekara. Daga nan gajiya ke haifar da ƙorafi, ƙorafi ya girgiza aure.

A 2021 Gwamnatin Tarayya ta amince da hutun kwana 14 ga ma'aikacin da matarsa ta haihu. Madalla, amma doka ba ta shiga madafa. Nana A'isha ta ruwaito cewa Annabi (SAW) yakan yi hidimar iyalinsa a gida. Watau maigidan da albashin matarsa ke rage masa cefane, ya kamata ya rage mata aiki, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.