NUMFASHI FIYE DA KIMA: DALILANSA, YADDA YAKE AIKI DA ILLARSA GA JIKI



Gabatarwa

Duk wanda ya taɓa tsayawa a maƙera ya san aikin ɗan zuga ba na ƙarfi ba ne kaɗai, na lissafi ne. In ya yi sako-sako wuta ta mutu, in ya wuce kima ƙarfe ya ƙone. To, huhun ɗan Adam zugazugi ne, shi ma yana da iyakar da ba a ƙetarewa. Wannan lacca za ta duba abin da ke faruwa in an ƙetare ta, tana ɗaukar misalanta daga Makera, unguwar da ke kudu da Kogin Kaduna, hedkwatar Ƙaramar Hukumar Kaduna ta Kudu.

A ɗauki misalin ɗaliba ranar jarrabawa, ko ma'aikaci da aka miƙa wa takardar sallama. Sai a ga numfashi ya yi sama, jiri ya ɗebe shi, yatsu sun ƙandare, yana cewa iska ba ta isarsa. Wasu su ce iskokai ne, wasu su ce ƙarya yake yi. Alhali kuwa abin da ya same shi yana da bayani, kuma bayanin na da ban mamaki: ba iska ce ta yi masa kaɗan ba, numfashin ne ya yi yawa.

Yadda Abin Yake Aiki

Baligi mai lafiya yana numfashi sau 12 zuwa 20 a minti ɗaya in yana hutawa, kowane jan numfashi kimanin rabin lita. Yana shaƙar iskar oksijin, yana fitar da iskar kabon-dayoksaid, wadda za a kira iskar kabon a taƙaice. Akan ɗauka iskar kabon shara ce kawai. Amma a 1905 masana biyu a Ingila, Haldane da Priestley, suka nuna cewa yawanta a cikin jini shi ne linzamin da ƙwaƙwalwa ke juya numfashi da shi.

Iskar kabon in ta narke cikin jini takan ba shi ɗan tsami. Kowace mai girki ta san kanwa na kashe tsamin tsamiya, kuma in ɗaya ya rinjayi ɗaya abinci ya ɓaci. Haka jini yake. A ma'aunin tsami da kanwa da ake kira pH, jinin mai lafiya ba ya fita daga tsakanin 7.35 da 7.45. In mutum ya dinga numfashi fiye da bukatar jikinsa, ba wata ƙaruwar oksijin ta a zo a gani da zai samu, domin jininsa ya riga ya ƙoshi da kusan kashi 97 cikin ɗari na abin da zai iya ɗauka. Abin da yake yi kawai shi ne zubar da iskar kabon. Tsami ya ragu, jini ya karkata wajen kanwa.

Daga nan abubuwa uku ke biyo baya. Na farko, hanyoyin jini na ƙwaƙwalwa su tsuke, jinin da ke isa can ya ragu, sai jiri, da duhun gani, wani lokaci har da suma. Na biyu, sinadarin kalsiyam da ke yawo a jini ya manne wa furotin, jijiyoyi su rasa abin da ke kwantar da su. Shi ya sa ake jin kamar kiyashi na tafiya a leɓe da yatsu, hannu da ƙafa su ƙandare. Na uku, kamar yadda Christian Bohr na ƙasar Denmak ya gano a 1904, in iskar kabon ta yi ƙaranci, jajayen ƙwayoyin jini sukan riƙe oksijin kam, su yi rowar sakinta ga gaɓoɓi.

Babbar illar ita ce abin yana ciyar da kansa. Mutum ya ji ƙirjinsa ya ɗaure, zuciya na bugawa, sai ya zaci ajali ne ya zo. Tsoro ya ƙara numfashi, numfashi ya ƙara alamu, alamu su ƙara tsoro.

Dalilansa

Dalilan sun kasu kashi biyu, kuma rai na iya rataye a kan bambance su. Kashi na farko na zuci ne: firgita, fargaba, baƙin labari, ko zafin ciwo. Makera da maƙwabciyarta Kakuri sun san irin wannan damuwa. A Kakuri aka buɗe masaƙar Kaduna Textiles a 1957, da haɗin gwiwar Gwamnatin Jihar Arewa da kamfanin David Whitehead na lardin Lankashaya a Ingila. Da aka rufe ta a 2002, wasu masaƙu kuma suka bi sahu, dubban magidanta suka wayi gari ba aikin yi.

Daɗin daɗawa, irin wannan numfashi yakan yaɗu cikin taro. A wancan lardi na Lankashaya akwai wani garin masaƙu mai suna Blackburn. A watan Oktoba na 1965 aka kwashi 'yan mata 85 daga makaranta ɗaya zuwa asibiti, suna jiri da suma da ƙandarewar hannu. Ba a sami guba ko ƙwayar cuta ba. Likitoci biyu, Moss da McEvedy, suka bayyana a 1966 cewa yawan numfashi ne, kuma cutar shan inna da ta ɓulla a garin kafin nan ta riga ta cika zukata da tsoro. 'Yan matan ba ƙarya suke yi ba. Ya kamata shugabannin makarantun kwana su riƙe wannan darasi.

Kashi na biyu na jiki ne, inda saurin numfashi yake alamar wata cuta. Akwai fuka, wadda ƙurar hunturu ke tayarwa, da ciwon huhu, da ciwon zuciya, da gudan jini da ke toshe hanyar huhu. Akwai kuma ciwon ƙirji da ƙurar auduga ke jawo wa wanda ya daɗe a masaƙa. Har ila yau, mai ciwon sukari da jininsa ya yi tsami ainun yakan yi dogon numfashi mai zurfi, wanda likitan Jamus Kussmaul ya siffanta a 1874. Yaron da zazzaɓin cizon sauro ya yi wa tsanani ma yakan yi haka. A nan jiki ne ke ƙoƙarin ceton kansa ta fitar da tsami, saboda haka hana shi numfashin ganganci ne.

Abin da Ya Kamata a Yi

In abin ya faru, a janye mutumin daga cikin taro, a zaunar da shi, 'yan kallo su watse. Mutum ɗaya ya yi masa magana a natse, ya tabbatar masa iska na shiga. A sa ya ɗora hannu a ciki, ya shaƙa ta hanci sannu a hankali, ya fitar ta baki a tsawaice. In firgita ce, galibi cikin rabin sa'a ko ƙasa da haka zai dawo daidai. Addu'ar da za ta kwantar masa da hankali ba ta saɓa wa wannan, muddin ba a rufe shi da hayaniya ko hayaƙin turare ba.

Tsohuwar dabarar numfashi cikin jakar takarda likitoci sun bar ta, domin ta hallaka waɗanda ciwonsu na zuciya ne ko na huhu. Leda kuwa ta fi haɗari. In wannan ne karo na farko, ko akwai ciwon ƙirji, ko zazzaɓi, ko juna biyu, ko ciwon sukari, ko leɓe ya canja launi, to a garzaya asibiti. Likita ne zai ce tsoro ne, bayan ya duba.

Akwai gargaɗi na musamman ga samari masu iyo a Kogin Kaduna. Wasu sukan ja numfashi da sauri sau da yawa kafin su nutsa, don su daɗe a ƙarƙashin ruwa. Yin haka na kashe ƙararrawar da ke gaya wa mutum ya taso, watau taruwar iskar kabon. Oksijin ta ƙare bai ji komai ba, ya sume a cikin ruwa.

Kammalawa

Kuskure biyu ne ake gudu. Ɗaya shi ne a tsangwami mai firgita, ko a ɗora masa ciwon da ba shi da shi. Ɗayan kuwa a ce wa mai ciwon huhu ko na zuciya tsoro ne kawai, har a makara. Malamin makaranta, da shugaban ofis, da ma'aikacin jinya, su ne sukan fara isa wurin kafin likita, saboda haka nauyin sanin bambancin yana wuyansu.