Amsar Wasiƙa: Maigidana Ba Ya Shirin Gobe

 Wasiƙarmu ta yau daga wata baiwar Allah ce a Gusau. Ta ce ita mai lissafi ce, ranar da albashi ya shigo take kasa kuɗin cefanen wata. Maigidanta kuwa sai ya shigo da baƙi biyar ana kwashe tuwo, ko ya tashi da asuba ya ce a shirya za a tafi Funtuwa. Watan jiya ma kuɗin makarantar yara ya ranta wa abokinsa. Tana tambaya, shin raini ne? Har ta fara tunanin yaji.

To malama, ajiye jakar tukuna. Wannan bambancin hali an daɗe ana nazarinsa. A Amurka, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, Katharine Briggs da 'yarta Isabel Myers sun tsara wani gwajin hali bisa littafin Carl Jung na 1921, inda suka ware masu son a yanke magana a gama da masu son a bar ta a buɗe. Masana da dama na sukar gwajin, domin yawancin mutane a tsakiya suke. Amma ku biyun, da alama kowa ya kama gefe.

Ke hankalinki ba ya kwanciya sai an tsayar da magana. Shi kuwa in kika tambaye shi yau abin da za a yi ranar Juma'a, ji yake kamar an ɗaure shi a turke. Wannan ba raini ba ne.

Sai dai batun kuɗin makaranta, gaskiya ya yi kuskure, ba zan ɓoye ba. Hali daban, haƙƙin yara daban. Ki same shi lokacin da ransa ke sake, ba a gaban yara ba, ku yi yarjejeniya a kan abu uku kacal: kuɗin makaranta, haya da magani. A cire su ranar albashi, a bar su hannunki. Saura ki sakar masa mara. Baƙi kuwa, ki riƙa ajiye rabin mudu na gari a gefe, shi kuma ya buga waya kafin la'asar. Kada ki manta, irinsu ne ke fita neman mota da tsakar dare in yaro ya rikice, ba su tsaya lissafi ba.

In ya ƙi ko waɗannan ukun, to a sa manya a ciki. Ki sake rubuto mana bayan wata biyu mu ji yadda aka kwana.