Amina Weira da Ƙurar Arlit

Jama'ar Agadez, ƴan kasuwa da ma'aikata.

Tun 1971 ake haƙar uraniyom a Arlit, cikin wannan jaha, amma shekara da shekaru illarsa sai a ɗaki ake faɗinta. Amina Weira, ɗiyar tsohon ma'aikacin ma'adinai, ta fito da maganar fili. Ta yi karatun sinima a IFTIC ta Yamai, ta ƙaro a Jami'ar Gaston Berger ta Senegal. A 2016 ta fitar da fim ɗinta, La Colère dans le vent, wato fushin da ke cikin iska. Ciki mahaifinta da abokan aikinsa suka faɗi abin da rami ya yi wa lafiyar ma'aikata. Ta nuna iska na kwaso ƙura zuwa gidaje, ana kuma ƙera tukwane da ƙarafen da kamfani ya zubar.

Kamfanin Cominak ya rufe a 2021, amma shaidar na nan. Sai dai fim ɗin bai kammalu ba sai da hannun Faransa da Benin. In masu hali na gida suka naɗe hannu, wa zai ɗauki nauyin shaida ta gaba?